An Ce In Rantse Cewa Ɗaukar Marasa Lafiya Aikina Ne

Assalamu alaikum jama'ar wannan gida. Admin, ina roƙonka ka ɓoye sunana da lambata, domin wasu daga cikin mutanen da zan yi magana a kansu suna karanta abin da ake sakawa a nan. Sunayen da zan ambata ma na canza su, Allah ya yafe min idan hakan ya shiga cikin ƙarya. Don Allah ku ba ni shawara, amma ku daure ku karanta har ƙarshe tukuna, domin maganar tana da tsawo kuma ina tsoron in rage wani abu in zalunci wani.

Ni magidanci ne, ina zaune a Yolde Kohi da matata Dija da 'ya'yanmu. Ina aiki a wani asibitin gwamnati, a sashen wanki. Zanin gado, rigunan tiyata, labule, tsumman da aka goge jini da shi, duk ta hannunmu suke bi. Firamare kawai na yi, shi ya sa tun da na kai lebul huɗu a matakin albashi na tsaya a nan, kuma ban taɓa ƙorafi a kan wannan ba, na san iyakar takardata. Wanda ya samo min aikin yayan matata ne, muna ce masa Hamma Buba, shi ne babba a cikin masu gadin ƙofar asibitin. Mutum ne mai zafin zuciya, amma ba zan ɓoye alherinsa ba, shi ya tsaya min a aurena, kuma duk haihuwar da Dija ta yi shi ne farkon wanda yake sallama a ƙofata.

Ga yadda abin yake. Ma'aikatan lafiya suna da nasu tsarin albashi daban, wanda ya fi na sauran ma'aikatan gwamnati. Da aka zo ɗora mutane a kansa, aka ɗora likitoci da nas-nas da masu gwajin jini, har da masu tura marasa lafiya a kan gado. Mu kuwa masu wanki da masu gadi da 'yan kicin da masu share fili aka bar mu a kan tsohon tsari, wai mu ba ma taɓa marar lafiya. Ba albashin wata kaɗai abin ya shafa ba, har fansho, domin da abin da ka bar aiki a kai ake lissafa maka. Muka kai kuka har muka gaji, daga baya muka haɗa kai muka ɗauki lauya muka je kotu. Hamma Buba ne shugabanmu a wannan tafiya. Shari'ar ta daɗe sosai, yau a ɗaga, gobe a ce alƙali ya yi tafiya, wasu daga cikinmu sun yi ritaya, wasu sun rasu sun bar mata da yara suna jiran sakamako.

Dole in koma baya kaɗan, don ku gane dalilin da ya sa aka zaɓe ni. A shekarun da bom yake tashi a Jimeta, ina cikin waɗanda suka ɗauki mutane. Ina tsaye ina shanya sai na ji ƙasa ta motsa, ba a jima ba keke napep da motocin ɗaukar kaya suka fara shigowa da mutane a jibge, wani a kan wani. Ma'aikata ba su isa ba, babbar nas ta fito tana ihu wai duk mai hannu ya zo. Na zubar da kwandon wanki na ruga. Na ɗauki wata mata da ƙafarta take lilo da fata kawai, ina riƙe da ƙafar da hannu ɗaya don kada ta faɗi. Na goya wani dattijo a bayana ina ce masa sannu Baba, mun kusa, sannu Baba, sai da na sauke shi aka ce min ai tun a ƙofa ya cika. Silifas ɗina suna mannewa a ƙasa saboda jini, na cire su na ci gaba da ƙafa. Akwai abin da na tattara a cikin zanin gado na ƙulle bakinsa, wanda har yau ban faɗa wa Dija ko mene ne ba. Wannan ya faru fiye da sau ɗaya a waɗannan shekaru. Shi kuma Hamma Buba yana ƙofa yana laluben jikin masu shigowa da hannunsa ko suna ɗauke da bom, bai san wanda zai tashi da shi ba. Don haka idan yana maganar haƙƙinmu idonsa ya yi ja, ni na san daga inda abin yake fitowa.

Amma da abin ya lafa, kowa ya koma wurinsa. Na koma wankina. Tun daga lokacin ban sake ɗaukar marar lafiya ba, sai dai in riƙe wa wani ƙofa ya wuce. Wannan ita ce gaskiyar magana.

Yanzu shari'a ta zo wurin shaidu. Hamma Buba ya ce ni za a gabatar, wai ni nake kiran salla a ɗan masallacin bayan ɗakin wanki, kowa ya san ba na shiga maganar da ba tawa ba, alƙali yana ganin fuskata zai yarda. Na ji tsoro amma na amince, don a tunanina abin da na yi kawai zan faɗa. Muka je ofishin lauyanmu a Bekaji tare da wasu manyanmu don ya gwada ni. Barista ya ce in ɗauka shi ne lauyan gwamnati. Ya ce kana ɗaukar marasa lafiya? Na ce na ɗauka. Ya ce yaushe? Na ce lokacin bom. Ya ce yanzu fa? Na ce yanzu wanki nake yi. Sai ya ajiye bironsa ya jingina da kujera ya ce, Malam, ka kashe mu. Ya ce idan na faɗi haka, lauyan gwamnati zai yi dariya ya ce ai masu keke ma sun ɗauki mutane a ranar, ko su ma a ɗora su a albashin ma'aikatan lafiya? Ya ce abin da zan faɗa shi ne, ɗaukar marasa lafiya yana cikin aikina, kullum ina yi, har yau. Na ce Barista, jinin da nake wankewa fa, da allurar da nake tsinta a cikin zani ta soke ni, wannan bai isa ba? Ya ce zai kawo wannan ma, amma ƙa'idar ta ce wanda yake taɓa marar lafiya, ba ta ce wanda yake taɓa zaninsa ba. Na ce to ni ba zan iya riƙe Alƙur'ani in ce kullum ba, domin ba kullum ba ne.

Muna saukowa daga benen ofishin, a gaban mutane, Hamma Buba ya juyo ya kwaɗa min mari har hulata ta gangara ƙasan matakala. Ya ce kai ne waliyyin asibiti? Ya ce da ka zo min da takalmin roba kana neman aiki, waliccin yana ina? Ya ce matan da mazansu suka mutu suna jira, kai za ka ciyar da su da kiran sallarka? Na sauka na ɗauki hulata. Kunnena na hagu har yanzu yana ƙara kamar injin niƙa yana aiki a nesa.

Bayan haka sai aka fara kawo min dabaru. Barista ya aiko cewa ba dole sai na riƙe Alƙur'ani ba, kotu ta yarda mutum ya ɗaga hannu kawai ya yi alkawarin faɗin gaskiya. Hamma Buba kuma ya aiko cewa in je ba alwala, wai rantsuwar marar alwala ba ta kama mutum, da yawa sun yi haka suna nan lafiya. Wannan ya ƙara rikita ni, na kwana ina juya shi, har na fara tunanin ko akwai ƙofa a nan. Sai na hau keke na tafi cikin Yola wurin Modibbon da nake ɗaukar karatu a wurinsa, na zayyana masa komai. Ya ce shaidar zur shaidar zur ce, ko da littafi a hannu ko ba littafi, ko da alwala ko ba alwala, kuma zuwa ba alwala da gangan ƙarin laifi ne ba ragi ba. Ya ce in faɗi abin da na yi, kada in ƙara kada in rage. Na ce Modibbo, idan gaskiyata ta rusa haƙƙin mutane fa? Ya ce kai a ganinka suna da haƙƙi? Na ce wallahi ina ganin suna da shi, domin na ga abokin aikina da ruwan bilic, sinadarin da muke wanki da shi, ya cinye masa ƙirji, ya yi ritaya yana tari har ya rasu. Modibbo ya ce Allah ya fitar da kai. Na fito da nauyin da na shiga da shi, domin Modibbo ba ya aiki a inda Hamma Buba yake gadin ƙofa.

Wannan shi ne abin da yake cin raina, jama'a. Da a ce na san ƙarya ce shari'ar gaba ɗaya, da na huta. Amma ni na yarda an danne mu. Kalma ɗaya ce kawai a ciki ba gaskiya ba, kuma ita aka ɗora min.

Na sake aika wa Hamma Buba cewa ya yi haƙuri, zan je kotu in faɗi duk abin da na ɗauka da duk abin da na wanke, amma ban da kullum. Amsar ta zo min da hantsi a wurin aiki. Abokan wankina sun fita shanya, ni kaɗai nake guga. Babu wuta a ranar, da dutsen guga na gawayi nake yi. Sai ga shi ya shigo da masu gadi biyu, yaransa, suka sa sakata. Ban ankara ba suka riƙe min hannuwa ta baya, shi kuma ya kama ƙeyata ya danna kaina a cikin bahon da muke jiƙa zanin ɗakin tiyata. Ruwan bilic ne da jini. Ya ɗago ni ya ce, wannan ruwan mai lafiya ne ko na marar lafiya? Ya sake dannawa. Ya ɗago ya ce, yanzu ka taɓa marar lafiya ko ba ka taɓa ba? Ina tari, idona kamar an zuba barkono, ruwan ya shiga hancina ya sauka maƙogwaro. Ɗaya daga cikin yaran ya tsorata ya ce Oga ya isa haka, ya sassauta riƙo. Ban san lokacin da na fizge ba. Na dai ga dutsen guga a hannuna, da wutarsa, na ɗaga shi sama daidai kan Hamma Buba. Bai matsa ba. Ya cire hularsa ya miƙo min kai ya ce, buga mana, mijin ƙanwata, buga ka je ka gaya mata. Wallahi jama'a na so in buga. Ba zan yi muku ƙarya ba, hannuna ya riga ya fara saukowa. Allah ne ya karkatar da shi, dutsen ya daki bakin tebur ya buɗe, garwashi ya zubo min a ƙafa. Suka buɗe ƙofa suka fita. Ni da ban taɓa dukan ko ɗana da hannu ba, na kusa fasa kan kawun 'ya'yana. Tun ranar ina tsoron kaina fiye da yadda nake tsoronsa.

Da na koma gida ban faɗa wa Dija ba, amma ido ja da ƙafa a ƙone ba sa ɓoyuwa. Ta matsa, na gaya mata. Ta yafa mayafi ta tafi gidansa a fusace, ta dawo a sanyaye. Wai ya ce mata ko mijinta ya rantse, ko ta kwaso yara ta dawo gida, domin shi ba zai bar jininsa a hannun wanda ya ci amanar mutane ba. Ta zauna a bakin gado tana kuka, ta ce Baban Aisha, kalma ɗaya ce fa, ka faɗa ka dawo ka yi istigfari, Allah mai gafara ne. Na ce Dija, mutum ya shirya tuba tun kafin ya yi laifin, wannan tuba ce ko wayo? Ta ce ita ba ta san wannan ba, ita dai ta san yayanta, kuma ba ta son ta wanke gawa a cikinmu. Ban ga laifinta ba.

Na san wasu za su ce in je wurin 'yan sanda. Na yi tunaninsa. Idan na kai ƙara, za a kori masu gadin nan daga aiki, su ma masu iyali ne. Maganar za ta kai kunnen lauyan gwamnati, ya ce ga shi ana tilasta wa shaidu, shari'ar ta mutu a nan take ba ma sai na buɗe baki ba. Sannan ni ne na ɗaure yayan matata. Ta ina zan shiga gidan surukaina bayan haka?

Da abin ya tsaya a kaina ni kaɗai, da ban rubuto muku ba, da na ci gaba da haƙuri. Akwai wani abokin aikinmu mai share fili da yankan ciyawa, zan kira shi Iliya. Kirista ne, daga wajen Michika ya gudo da iyalinsa lokacin tashin hankali, ya samu wannan ɗan aikin. Shi ma ya ɗauki mutane tare da ni a ranakun nan, mu biyu muka riƙa kama bakin zani ɗaya. A taron da aka yi bayan abin da ya faru a ɗakin wanki, ana ta zagina, wani yana cewa an saye ni, wani yana cewa a ƙona min keke in ina da shi. Iliya ya miƙe ya ce, ku bar mutumin nan ya faɗi gaskiyarsa, mu roƙi Barista ya nemo wata hanya, ai ba a gina gida a kan rantsuwar ƙarya a zauna lafiya a ciki. Iyakar abin da ya faɗa ke nan ya zauna. Ba a yi mako ba, yana komawa gida da la'asar ta wajen Shagari Low Cost, wasu suka sauko daga keke da gora da guntun ƙarfe suka rufe shi da duka a bakin hanya, mutane suna kallo. Suka shimfiɗa hannunsa na dama a kan dutsen kwalbati suka karya. Ba su ɗauki wayarsa ba, ba su taɓa aljihunsa ba. Ban ga wanda ya aike su ba, don haka ba zan ambaci sunan kowa ba, kada in ɗauki alhaki. Amma ku ma kuna da hankali.

Jiya na je gaishe shi a gida. Na same shi a ƙofar ɗaki a kan benci, hannu a ɗaure rataye a wuya, leɓensa a kumbure. Na kasa haɗa ido da shi. Na ce Iliya, ka yafe min, saboda ni ne. Ya yi ɗan murmushi ya ce Malam, bar wannan, zauna ka sha lemo, surukinka ne ya kawo. Na ce wane surukin? Ya ce Buba mana, ya zo gaisuwa da leda cike, har addu'a ya yi min. Sannan Iliya ya ce min kafin Hamma Buba ya tafi ya gaya masa cewa sun yi magana da Barista, idan ni na ƙi, shi Iliya za a sa a madadina, tunda shi ma ya ɗauki mutane a lokacin. Na ce to me ka ce masa? Ya ce me zan ce? Ya ce Malam, ni zan rantse. Zan ɗora hannu a kan Baibul in ce kullum, in ce har da dare, in ce ni nake yi musu tiyata ma idan suna so. Ya ɗaga hannunsa na hagu ya ce, wannan ne ya rage min, da shi zan ciyar da yara, na gudo daga gida na bar komai, ba ni da wani wurin gudu kuma. Na ce ba ka tsoron Allah ya kama ka? Ya ce ina tsoro sosai, kai kaɗai ka san Allah? Ya ce kuma ba ina roƙonka ka yi ba ne, kada ka ce na roƙe ka, kawai na gaya maka ne don kada ka ji a bakin wani.

Na taso daga wurinsa na dawo gida. Zaman kotun ya matso, kuma Barista yana jiran amsata kafin ya miƙa sunan shaida.

Don Allah malamai da lauyoyin da suke cikin wannan gida, da duk wanda ya taɓa tsayawa a gaban alƙali, ku taimake ni. Shin da gaske ne jinin da muke wankewa da abin da muka ɗauka a waɗannan shekaru ba za su tsaya a kotu ba sai an haɗa da ƙarya, ko lauyanmu ne yake neman gajeriyar hanya? Akwai yadda mutum irina zai nemi a sake duba maganar ba tare da an ce ya ci amana ba? Na yi tunanin in amsa musu da to, in shiga kotu, in riƙe Alƙur'ani in faɗi gaskiyata yadda take. Amma wannan ma yaudara ce, kuma idan shari'ar ta faɗi a bakina, matan da suke jira za su ce ni ne, sannan waɗanda suka san hanyar gidan Iliya sun san hanyar gidana.

Abin da ya fi hana ni sukuni shi ne wannan. Da ina ganin idan na ƙi na tsira, ko da za a dake ni. To yanzu idan na zauna a gida na tsare bakina, mutumin da aka karya saboda ya kare ni ya je ya rantse da hannun da ya rage masa, a wuyan wa ƙaryar nan za ta rataya, nasa ko nawa?